Wanda Ya Fara Hango Baƙin Tulu

Jama'a ku yi haƙuri da ni yau. Kun saba in kunka ga na ɗora abu a nan, to shirme ne, ko hoton taliyar hostal da ta kama, ko tsiyar malamin da ke sa muna lacca ƙarfe bakwai na safe. Yau ba haka ba ne. Kakana na wajen uba ya koma ga Mai shi, can inda dukanmu muke kan layi. Yau kwana tara ke nan. Ni da ƙawayena ke cewa yatsuna sun fi bakina gudu, kwana tara ina buɗe waya in rubuta layi biyu in goge.

Ina tsakiyar lacca saƙon Yayana ya shigo: "Tsoho ya tafi." Kun san mi na amsa? "Ina kuma?" Wallahi har da 'yar fuskar dariyar nan. Don Kaka ba mazauni ba ne. Yau shina gona, gobe ya ɗare bayan mashin sai kasuwar Bafarawa wai za shi duba jakai, shi da rabonshi da jaki tun ba a haife ni ba. Sai da Yaya ya kira na ji muryarshi, sannan abin ya shige ni.

Kun san yadda hanyarmu ta Sabon Birni ta koma, ba direban da ke yarda ya kama ta da yamma. Sai wanshekare na samu mota. Ban tarar da jana'iza ba.

Na tarar da ƙofar gida cike maƙil, tabarmi har ƙarƙashin bedin maƙwabta. Akwai wani dattijon Fulani da ke biyowa ta bayan garinmu da shanu duk shekara. Shi na fara gani, tsaye gaban randar da Kaka ke ajewa a bakin zaure don masu wucewa. Ya ɗauki moɗa, ya juya ta, ya mayar bai sha ba. Na ji shina ce ma Babanmu, "Shekara da shekaru ina shan ruwan gidan ga. Bai taɓa tambayar daga ina nike ba sai na sha na ƙoshi."

Cikin gida kuwa Iya ce, kakata mace, zaune tsakiyar mata. Tana hango ni ta ce, "To ga amarya ta iso. Kin makara 'yar nema, angon naki ya gudu ya bar mu ni da ke." Ta fara dariya, dariyar ta karye mata a tsakiya. Nan na zube kan cinyarta.

Ban gama share ido ba Inna ta ja ni ɗaki ta tura ƙyaure.

"Kin ji abin da Gwaggonki ta yi?"

"Mi ta yi?"

Ashe kafin a fita da Kaka, Babanmu ya shigo wajen mata kamar yadda aka saba, ya ce duk wadda tsoho ya ɓata ma rai ta yafe mishi don Allah. Mata sunka amsa baki ɗaya. Gwaggo na zaune gaba-gaba, kowa na kallon bakinta, bai motsa ba. Baba ya sake, har da cewa, "Yaya, da ke nike." Ta ce, "Na ji." Iyakarta ke nan. Haka anka ɗauke shi.

Ni kuwa a cikin wayar nan da nake muku rubutu da ita akwai wani abu na Gwaggo, kuma duk duniya ni kaɗai na san da shi.

Bari in gaya muku ko wace ce Gwaggo. Ba ɗiyar Kaka ba ce ta cikinshi, ɗiyar ƙanenshi ce. Ubanta ya rasu a hanyar fatauci tana ciki, uwarta ta sake aure, sai Kaka ya ɗauke ta ya riƙe. Tare sunka tashi da Babanmu, ƙwarya guda. Amma tun tana yarinya ta ji abin da duk garin ke faɗi a bayan ido: wai gaggawar Kaka ce ta kashe mata uba. Daga nan ba ta sake ce mishi Baba ba. Gaisuwa tana yi, har ƙasa, amma fuskarta na kallon bango. Da ta yi aure ta koma Bafarawa, sai suna ko rasuwa ke kawo ta. Shi kuwa duk lokacin kaka damin farko na gonarshi gidanta yake zuwa. Ta karɓa ta ce a ce an gode. Ba faɗa, ba zagi, amma wallahi gara faɗan.

Ni kuma ni ce 'yar gaban goshi, ba yanga ba. Sunana a bakinshi Mai Danne-danne. In na dawo hutu ya ganni da waya sai ya ce, "Ke, wannan abin in kinka aje shi mutuwa yakai?" In ce, "Ango, kishi kake?" Ya ce, "Da gwangwani? Allah shi kiyaye."

Mutumin nan da ruwa, sai a hankali. Alwalarshi da rabin buta ce, kuma a gindin zogale yake yi don kada ɗigo ya tafi banza. Iya ta taɓa watsar da ruwan wankin gero a tsakar gida, kwana biyu shina mita har ta ce, "Malam, in ruwan ga ɗanka na, hwaɗa min in yi mai suna." Amma a randar ƙofar gida ba ya rowa. Ko lokacin da rijiyar unguwa ta ja baya mata na kwana layi, sai an cika ta. In ba mai zuwa, da kanshi yake ɗaukar jarka.

Abin da ya fi ba mu haushi muna yara shi ne hadari. Kun san yara, da an ga gabas ta yi baƙi sai tsalle, "Ga ruwa! Ga ruwa!" A gidanmu haramun ne. Na taɓa yi, ya daka min tsawar da har yau ina jin ta.

"Kin taɓa shi da hannu?"

"A'a Kaka."

"To rufe bakinki. Bari shi sauka tukuna."

Mun ɗauka tsufa ne kawai.

In shina cikin nishaɗi kuwa, labarin hanyar Azbin yake ba mu. Da ƙuruciyarshi fatake ne, su da jakai, Buzaye da raƙuma, daga nan Gobir su yi arewa makonni, su dawo da gishiri da dabino. Kuma duk labarin da ya ɗauko, sai ya biyo da shi ta Baƙin Tulu. Wani dutse ne a hanyar, shi kaɗai tsaye cikin fili, baƙi ƙirin, kanshi a fashe kamar tulun da bakinshi ya guntule. Fatake ne sunka sa mishi sunan. Ya ce tun da hantsi kake hango shi, amma sai la'asar kake isa. A gindinshi akwai rijiya, wadda tun kakannin kakanni ba a taɓa jin ta ƙafe ba.

Kafin a kai nan akwai kwanaki na ƙishi, ruwa a cikin salka, wato jakar fata, kowa da ɗan ma'auninshi. To al'adarsu, wanda duk ya fara hango dutsen shi ke yin kira. Da an ji kiran sai a kwance salkuna gaba ɗaya, mutane su sha su ƙoshi, a ba dabbobi, sauran a juye a kan mai kiran. Tunda ga rijiya can, wa zai ci gaba da dakon tsohon ruwa mai warin fata? Kaka ya ce samari har rige-rige suke, don wanda ya yi kiran Tulu ko a gida 'yan mata sun san da shi.

Da na shiga jami'a anka yi muna darasin duwatsu masu aman wuta, na dawo da zafina. Na ce, "Ango, Tulun nan naka na gano shi. Wuta ya taɓa amayarwa, shi ya sa bakinshi ya fashe, duwatsun wurin kuma baƙaƙe masu huji-huji."

Ya dube ni sama da ƙasa. "Wannan shi anka kai ki Sakkwato ki koyo? Buzaye sun hwaɗa muna tun ban da gemu. Ki ce ma malaminku ya makara."

Na sha kunu ranar, shi kuwa har da tafi.

Hutun da ya wuce ne abin ya faru. Kun dai ga daminar bana. An yi shuka ta ƙone, an sake ta ƙone, an fita roƙon ruwa har sau biyu. Hadari ya haɗu kamar gaske, iska ta zo ta watse shi. Kaka ya rage magana. Kullum da la'asar shina zaune bakin zaure, fuskarshi arewa. Rannan na zauna kusa da shi, na ce bari in burge shi. Na sa data, na buɗe taswirar nan mai hoton ƙasa, na ja ta har Azbin.

"Ango, yau za ni kai ka Baƙin Tulu kyauta, ba jaki ba raƙumi."

Ya gyara zama da sauri, har ya ba ni tausayi. Na dinga jawo mishi baƙaƙen wurare ɗaya bayan ɗaya. Wannan ne? Ya ƙura ido. Wannan fa? Sun fi a ƙirga, duk kamar tabon ƙuna. Can ya ture wayar a hankali.

"Daga bisa kike nuna min shi. Ni tsuntsu na? Mu daga ƙasa munka san shi."

Na ji kamar in nutse, na ɗauko mishi rai na yar. Sai ya ce, "Gwangwanin ga naki, shina riƙe magana?"

"Sosai ma."

"Ko mai maganar ya mutu?"

"Kai Kaka, wace irin magana ce wannan?"

"Kunna. Ki aje nan. Kuma ki yi shiru in kina iyawa."

Abin da za ni rubuta yanzu daga rikodin ɗin na kwafo shi, yadda ya faɗa.

"Shekarar babban fari, gero bai kai gwiwa ba yaƙ ƙone. Rumbuna wayam. Anka ce mu yi Azbin da taba da barkono da tabarmi, mu samo gishiri mu kai Kudu a ba mu hatsi. Ni na saba hanya. Ƙanena ko bai taɓa zuwa ba, ga matatai da ciki. Tun gida nic ce mai, bana kiran Tulu naka na. In nig gane shi za ni taɓa ka, kai ko ka buɗe baki. Yaro ya yi ta murna, har ya gaya ma matatai.

"Zangon ƙarshe, madugu, jagoran ayari, yat tara mu, mu da munka saba zuwa. Yac ce rijiya biyu da munka wuce duk sun ja baya, bai yarda da shekarar ga ba. Gobe kowa yag ga Tulu shi haɗiye kira, sai ya aika an leƙo rijiya. Ƙanena ba ya wurin, shina can wajen jakai. Ni na ji da kunnena. Ban gaya mai ba."

A nan za ku ji muryata, na kasa haƙuri. "Don mi, Kaka?"

"Nic ce a raina tsoron tsohi na. Rijiyar Tulu? Wadda kakan kakana yash sha? Kuma na yi ma yaro alkawali. Da hantsi munka yi gaba ni da shi, munka hau wani tudu. Sai ga shi can, awa jiya anka kafa shi. Hannuna bai yi shawara da ni ba. Nit taɓa kahwaɗatai.

"In anka yi kiran nan ba mai tsai da mutane. Madugu na ihu, wa ka jin shi? Mutane sun kwana biyar suna lasar ruwa. Kan ka ce mi, an kwance salkuna. Jakai sun sha, mutane sun sha. Anka kama ƙanena anka juye mai sauran bisa kai. Shina dariya, ruwa na bin wushiryatai. Irin wushiryar Gwaggonki. Ban taɓa ganin mutum cikin daɗi awa nashi na ranar ba.

"La'asar munka isa. Anka zura guga. Tat taho da rairai busasshe."

Daidai nan a rikodin ɗin ba ka jin komai sai kukan akuyar maƙwabta.

"Madugu yat tura Buzaye biyu bisa raƙuma su nemo ruwa, tahiyar kwana guda zuwa, kwana guda dawowa. Mu ko anka ce a tona gindin rijiya ko Allah ya sa a dace. Ƙanena yash shiga. Nic ce hito in canje ka. Yac ce, Yaya, ni niy yi kira, ni ka tono. Ko'ina wurin baƙin dutse na, rana ta dahe shi, cikin rijiya awa tanda. Anka yi da shi, yaƙ ƙi hitowa. Rana ta biyu da igiya munka jawo shi. Bai kai la'asar ba. Buzaye sunka iso da ruwa muna cikin haƙa mai kabari. Da wani dattijo na unguwar gabas, shi ma can munka baro shi.

"Gabas da Tulu suke, daidai inda inuwatai ka kaiwa da la'asar. Mun jera musu baƙaƙen duwatsun nan.

"Mu shida na daga garin ga. Bisa kabarin nir roƙe su, in an koma gida a ce ni niy yi kira. Sun riƙe min har sunka mutu, Allah shi jiƙansu. Wanda yam mutu ba ya iya amsa zagi. Abin da ke cikin matatai za ya tashi ana nuna shi, ana cewa ga ɗan mai kiran banza. Ni ko ina da kahwaɗar ɗauka. Kuma ba duka na ƙarya ba. Ido nawa na, hannun da yat taɓa shi nawa na, kunnen da yaj ji madugu nawa na. Baki kaɗai na nashi."

Na ce, "To mi ya hana ka gaya ma Gwaggo tuntuni?"

"In nig gaya mata ina raye, wanke kaina nikai. Ki bari sai na kau, ki ba ta. In ta yahe, to. In ba ta yahe ba, tana da gaskiyarta."

Ni da bakina da ba ya gajiya, sai na ce, "Ya aka yi kiran ma? Ya muryarshi take?"

Ya ce, "Muryarmu guda ni da shi. Ko uwarmu sai ta leƙo take gane mai magana."

Sai kawai na ga tsoho ya dafa bango ya miƙe. Ya sa hannu a kunne, ya juya arewa. Jama'a, ban san akwai sauran irin wannan murya a ƙirjin nan ba.

"Tulu ya tsayaaa! Ku sha, ku ba dabba!"

Kaji sunka watse. Iya ta fito da muciya a hannu tana salati, ta ɗauka ɓarayin daji ne. Ya zauna shina haki, ya ce mata, "Koma ga tuwonki, hira mukai da amarya." Daga nan na kashe rikodin ɗin.

Wannan shi ne abin da na riƙe kwana bakwai a gidan makoki. Kullum in ce yau, in ga fuskar Gwaggo in fasa. Ku da ba ku san ta ba, Gwaggo ba a kawo mata wargi, kallo ɗaya take maka ka tuna laifin da ka yi bara. Kuma tsorona ba faɗanta ba ne. Yanzu dai shiru ta yi. In ta ji da kunnenta cewa an gargaɗe shi ya ƙi ji fa? In ta fito fili ta ce ba ta yafe ba har abada, ni na jawo mishi. Sau biyu ina kai yatsa kan gogewa.

Anka yi sadakar bakwai. Jiya da hantsi na ji ana cewa mai mashin ya zo, Gwaggo za ta koma. Na same ta ɗakin Iya ita kaɗai tana ninke zannuwa. Na tsaya bakin ƙofa kamar wadda ta zo aron gishiri.

"Lahiya kike tsaye min bisa kai?"

"Gwaggo, saƙo ne."

"Na wa?"

"Na Kaka."

Ba ta ɗago ba. "Matacce na aike?"

"Wannan dai ya yi."

Na miƙa mata abin sawa a kunne. Ta ce, "Cire min igiyar ga. In magana ta, a yi ta a hili." Na kunna na aje kan gado, na koma gefe ina karanto duk addu'ar da na iya.

Da farko ta ci gaba da ninki kamar rediyo ke yi. Da anka zo wurin madugu, hannunta ya tsaya. Wurin wushirya, na ga ta kai harshe ta taɓa haƙoranta. Ba ta yi kuka ba, ko da anka zo wurin igiya. Sai da kiran nan ya fito, ya cika ɗakin, sannan ta zauna daɓas a bakin gado.

"Mai da shi baya."

Na mayar.

"Ba duka ba. Wurin kiran."

Sau uku tana sa ni. A na ukun ta rufe ido.

"Haka muryar ubana take?"

"Haka ya ce, Gwaggo."

"Tun ina 'yar mitsitsiya muryar ga ka kirana in zo in ci tuwo, ni ko in ce na ƙoshi."

Sannan hawayen sunka zo, tare da faɗa. "Mutum sai taurin kai! Mi za ya rage shi in ya zaunar da ni ya hwaɗa min? Ya bar ni na tsuhwa ina ƙin shi, rabi bisa gaskiya rabi bisa ƙarya, ban san wane na wane ba!" Ta share fuska da bakin zane. "Kuma laihi ya yi. Ya ji madugu da kunnenai. Wannan ba mai goge shi."

Na ce shi ke nan, na kashe Kaka sau biyu.

Ta miƙe ta yafa mayafi ta fita, na bi ta a baya. Ba wajen mai mashin ta nufa ba. Zaure ta yi, inda Babanmu ke zaune da sauran baƙin da ba su watse ba. Ta tsaya daga ciki ta kira shi da sunan da take kiranshi tun suna yara. Ya taso da sauri.

"Tambayar da kay yi min rannan. Sake ta."

Baba ya dube ta, ya dube ni. Ya ce, "Yaya, tsoho ya riga mu. In ya ɓata miki, ki yahe mai don Allah."

Ta ɗaga murya yadda na waje za su ji.

"Na yahe ma Baba, duniya da lahira. Abin da yar rage tsakaninai da ƙanenai, su ƙarasa can, sun hi kusa."

Baba. Haka ta ce. Babanmu ya juya ya ba mu baya, kafaɗunshi na motsi. Daga cikin gida na ji Iya ta ce, "Alhamdu lillahi," sai kuma ta fashe da kukan da ba ta yi ba tun ranar farko.

Ni na riƙa ma Gwaggo ƙullin kayanta har wajen mashin. Ta hau, ta gyara zama, sai ta kamo hannuna.

"Ke, mutanen cikin wayar ga taki, suna da yawa?"

"Ba laifi, Gwaggo."

"Har da masu zuwa Azbin?"

"Ba a rasa ba. Akwai direbobi, akwai 'yan Nijar."

"To rubuta duka, kar ki rage. Garin ga su san yadda anka yi. Kuma ki ce ina da saƙo."

Shi ya sa kunka ga wannan dogon rubutu yau. Ban san sunan da dutsen ke amsawa a taswira ba, waɗanda sunka san shi da Baƙin Tulu duk sun ƙare, Kaka ne na ƙarshe. Hanyar ma an bar ta, mota ba ta bi ta nan. Amma in akwai wanda Allah ya sa ya san wani baƙin dutse mai fasasshen kai, shi kaɗai cikin fili a hanyar Azbin, da tsohuwar rijiya a gindinshi, don Allah in ka bi ta wurin ka ɗan tsaya ta gabas. Za ka ga jerin duwatsu. Ka yi musu addu'a su biyu. Sannan ga saƙon Gwaggo, yadda ta faɗa: a gaya ma ƙaramin cikinsu, cikin nan da ya bari mace anka haifa. Ta girma, tana Bafarawa, jikokinta huɗu.

Allah Ka jiƙan Kaka, Ka yafe mishi abin da ya sani da wanda ya ɗauka ba nashi ba. Ka haɗa shi da ƙanenshi a inuwar da ba ƙishi. Mu kuma da ke nan muna duban gabas, Ka ba mu ruwa mai albarka. Wanda duk ya karanta, ya sa mishi baki da amin.